Uwar Gicciyen Fada Melitón

Ranar da aka binne Fada Melitón Cuautle, limamin cocinmu, tun mutane ba su gama watsewa daga maƙabarta ba, ƙanwarsa Doña Herminia ta kamo hannun Malama Nicandra ta ja ta gefe. Ba sannu, ba ya haƙuri, ta ce mata, "Ke ce uwar gicciye."

Malama Nicandra ta ce, "Ni? Herminia, rana ce ta doke ki?"

"Da ni ke zaɓe, ko karen gidanmu sai ya riga ki. Yayana ne ya ce, kuma ya faɗa yana cikin hankalinsa."

A garuruwanmu na gefen Cholula, in an fitar da gawa, akan zana gicciye da garin farar ƙasa a daɓen ɗaki, daidai inda mamacin ya kwanta, a kewaye shi da furanni da kyandir. Kwana tara ana taruwa ana jan carbi. Muddin gicciyen nan na ƙasa, inuwar mamaci na cikin gida. Ran na tara uwar gicciye ke durƙusawa ta nemi gafararsa, ta share garin cikin ɗan akwati, ta miƙa shi ga Allah da bakinta, sannan a kai akwatin kabari. A lokacin ne yake tafiya. Ko yaron goye ya san wannan.

To, ga inda gizo ke saƙar: Malama Nicandra Olguín ba ta yi imani ba. Kuma nata ba irin na mazanmu ba ne, waɗanda ke tsayawa bakin coci suna shan taba har a tashi, amma da an yi tsawa sai ka ji suna kiran waliyyai. Nata rashin imanin har da digiri gare shi. Shekara talatin da ɗoriya tana koyar da falsafa a jami'a a Puebla, kuma tana da wani hali da ya fi rashin imanin wuyar zama da shi: ba ta faɗin abin da ba ta yarda da shi ba. In ka ce mata "Allah ya kai mu gobe," sai ta ce, "In mota ta tashi." Jana'izar mahaifiyarta ma a tsaye ta yi ta, hawaye na zuba, gwiwa ba ta taɓa ƙasa ba.

Wannan matar ita ce aminiyar Fada Melitón, kuma duk garin an gaji da mamaki an haƙura.

A Beljiyam suka haɗu suna matasa. Shi bishop ne ya tura shi ya karanto falsafar Jamusawa da Faransawa don ya san yadda zai ba marasa imani amsa. Ita kuwa ta je ne ta ƙaro makami. Abin da ya haɗa su barkono ne, ba wani abu ba. Ya ji labarin akwai wata 'yar Puebla da uwarta ke aiko mata da busasshen barkono, ya je ya ƙwanƙwasa mata ƙofa da rigarsa ta limanci, ya ce, "Baiwar Allah, wata huɗu ina cin dankali ba yaji, ki ceci rai." Ta ce ita ba baiwar kowa ba ce, amma ya shigo. Gardamar da suka fara ranar ita suka dawo da ita gida, suka shimfiɗa ta a teburin Herminia kowace Alhamis, har gashin kansu ya yi fari.

Kai, ka ji su! Ita ta ce, "Bajamushen nan ya riga ya yi shela, Allahnku ya mutu, ku ne ba ku ji ba."

Shi ya ce, "Mun ji. Wanda ya mutun gunki ne da masana suka sassaƙa da kawunansu, wai Sanadin Farko, wai amsar lissafi. Wa ya taɓa yi wa amsar lissafi kuka? Ni ma na je jana'izarsa, har na ci tamal biyu, tubanin masaran nan namu. Miƙo mini miya."

Akwai darasin da take fara koya wa ɗalibai kowace shekara, wanda ta fi ƙauna. Takan ce musu su cire tambayar "akwai ko babu" su ajiye ta a bakin ƙofa kamar takalmi, su shiga su dubi abu yadda yake bayyana gare su kawai. Da wannan darasin nata Fada yake kama ta. Ya ce, "To cire takalmin, Nica. Dubi Herminia in tana addu'a. Me ya bayyana?"

"Mace tana magana da bango."

"Ƙarya kike, kuma ba halinki ba ne. Mai magana da bango ba ya dakatawa ya saurara. Dubi yadda take yin shiru a tsakiya."

"Ka ji ka! Kullum sai ka shigo da Allah cikin falsafa ta kan katanga kamar ɓarawon kaji. An rufe masa ƙofa, ka ce Fuskar ɗan'uwa. An rufe taga, ka ce Kyauta, ka ce Kira. Wa ke kiran? Faɗi sunansa mana in kai namiji ne."

"In na san shi har na iya sa shi a aljihu, ai ba shi ba ne."

Herminia kuwa tana gefen murhu tana juya waina, takan ce, "Ku ci abinci ya huce, ku da Turawanku." Shekara da shekaru tana jin sunayen mutanen nan har ta ɗauka wasu 'yan'uwan Malama ne marasa tarbiyya.

Kwana uku da binne shi, Malama Nicandra ta hau mota daga Puebla ta zo don ta ƙi. Ta shirya maganarta tun a hanya, daki-daki. Ta tarar da Herminia a kicin tana tsince wake.

"Herminia, ba raini ba ne. Kin san abin da yayanki yake a wurina. Amma ba zan durƙusa gaban mutane in kira wanda ban yarda yana nan ba. In na yi, na yi wa Meli ƙarya a kan gawarsa. Ki nemi wata. Ga Doña Cuca mai jan addu'a, ga matan ƙungiyar coci, kowace za ta yi murna."

Herminia ba ta ɗaga kai ba. "Wasiyya ce, Malama. Wanda mamaci ya ambata shi ke ɗagawa. In wata ta share, gari kawai ta share, shi yana nan."

"Ba ya nan, Herminia."

"A wurinki. Ni ce ke kwana a gidan." Ta jefar da wata tsakuwa. "Yana da rai ma bai iya zama wuri ɗaya ba, balle yanzu. Ki bar mini shi yana yawo tsakanin ɗaki da kicin, bai san inda zai nufa ba? Ba don ni ba. Don shi."

Malama ta ce, "To mu raba. Zan durƙusa, gwiwa ai nama ce. Zan share. Amma ba zan yi magana ba."

"Shara ke nan. In shara ce ai ina da tsintsiya, kuma na fi ki iyawa."

"To me ake cewa? Ba ni kalmomin in duba."

"Babu wasu kalmomi. Kowa da bakinsa. Ki nemi gafararsa, ki miƙa shi. Ke da kika shekara talatin ana biyan ki ki yi magana, yau ne za ki rasa ta cewa?"

Malama ta tashi ranta a ɓace. Hanyar fita ta cikin ɗakin gicciyen take. Sai da ta kai bakin titi ta lura da abin da ƙafarta ta yi: ba ta tsallaka garin ba, kewayawa ta yi ta jikin bango, har tana tattare siket. Ta ce wa kanta ladabi ne kawai, kowa na yi. Amma haushin abin bai sake ta ba har Puebla, domin ta san da Fada yana nan da ya yi dariya har ya ƙware.

Ran Alhamis ƙafarta ta kawo ta da kanta. Ba ta yanke shawarar zuwa ba, ta dai tsinci kanta a tashar mota da tsakar rana da ledar burodi mai zaƙi a hannu, irin wanda Fada yake so. Da ta shiga kicin ta ga Herminia ta jera faranti uku. Suka dubi farantin, suka dubi juna. Ba wadda ta ɗauke shi.

Suka hau cin miyar mole. Daga inda Malama take zaune tana hango gicciyen ta ƙofa, fari fat, an dasa jan fure a tsakiyarsa. Ta ajiye cokali ta ce, da ƙarfi, tana fuskantar ɗakin, "Tarko ka ɗana mini, ko? Ka ga ba ka ka da ni da rai ba, ka ce bari ka ka da ni da mutuwa. In na ƙi, na zama marar zuciya. In na yarda, ka ci gardama, kuma ba ka nan balle in rama. Wannan ba falsafa ba ce, Meli, maguɗi ne."

Herminia ta ce, "Da wa kike?"

Malama ta sake ɗaukar cokalinta.

Herminia ta share hannu da gyalenta. Ta dubi farantin nan na uku, ta sauke murya ƙasa. "Ba tarko ba ne. Ban gaya wa kowa ba, ko wani Fadan da ya zo shafa masa man addu'ar ƙarshe ban gaya masa ba. Satinsa na ƙarshe, ina ba shi kunun masara, ya ce mini, 'Mina, ina kira, ba na jin kowa.' Na ce ciwo ne. Ya ce a'a, tun watanni haka yake, duhu ne kawai. Yana addu'ar, bai bari ba, amma ya ce kamar mai ƙwanƙwasa gidan da aka tashi." Ta goge ido. "Sai ya ce, 'Ki sa Nica ta ɗaga mini gicciye. Ita ta daɗe a wurin nan, ta san yadda ake tsayuwa a cikinsa. Matan coci za su miƙa ni ga wanda suke gani. Ni ina son wadda za ta raka ni ko ba ta ga kowa ba.'"

Malama Nicandra ta ji kamar an zare mata kujera. Wata nawa tana zuwa tana zazzaga masa hujja, yana dariya yana ramawa, ashe a cikin duhun yake. Tausayinsa ya kama ta har ta rasa inda za ta sa hannunta.

Herminia ta ce, "Ki gaya mini gaskiya, tunda ke ba kya ƙarya. Yayana ya mutu ba imani? Shekara hamsin yana wa mutane baftisma, a ƙarshe ya koma irinki? Abin da ke hana ni barci ke nan, ba inuwa ba."

"A'a." Da sauri ta faɗa, ita kanta ta yi mamaki. "A'a, Herminia. Ni da na ji shiru, juyawa na yi na tafi harkata. Shi ya ji shiru ya ci gaba da ƙwanƙwasawa. Ba ɗaya muke ba. Yakan ce wanda ke kira don yana jin amsa ciniki yake yi, imani shi ne ka kira ba ka da tabbas. Ni kuwa nakan ce masa wannan dabarar wanda hujja ta ƙare wa ce. Har yanzu ban san wa ke da gaskiya ba. Amma bisa ma'auninsa shi, bai taɓa yin imani kamar na satin nan ba."

Herminia ta dube ta da jajayen idanu. "Yau ke ce ke mini wa'azi."

"Kar ki gaya wa kowa."

Suka yi dariya, irin wadda ke fitowa tare da majina. Herminia ta ɗauki burodin ta gutsura, ta ɗora rabi a faranti na uku. Da Malama za ta tafi ta tsaya a bakin ƙofa ta ce, "Zan zo. Amma ban san abin da zai fito daga bakina ba, kuma in babu abin da zan iya faɗa da gaskiya, shiru zan yi. Kin ji na gaya miki."

"Na ji. Ki sayo akwatin da 'yar tsintsiya, na uwar gicciye ne. Baƙin akwati, ba ruwan toka ba, kar ki ba mu kunya."

Kwanakin da suka rage Malama ta yi su tana neman jimla ɗaya. Ta sauke littattafan Jamusawanta da Faransawanta, ta gwada "ya Wanda ya wuce kasancewa," ta ji kamar taken lacca. Ta gwada "ya Sirri," ta ji kunya. Duk wadda ta gina, sai ta ji muryarsa yana cewa, "Nica, wannan magana kike a kansa, ba da shi ba." Ran na tara ta hau mota da akwati a cinya, bakinta ba kome.

La'asar ta yi, gidan ya cika maƙil. Matan coci da baƙaƙen mayafai sun jeru jikin bango, maza a tsakar gida, tukwanen tamal na tururi a kicin. Labari ya riga ya zaga gari cewa malamar nan marar Allah ce za ta ɗaga wa Fada gicciye, saboda haka har waɗanda ba su zo carbi ko sau ɗaya ba yau sun zo, su da ibadar kallo. Doña Cuca ta ja carbin har ƙarshe, ta rera waƙar sallama, sannan ta yi wa Malama alama da haɓa.

Malama Nicandra ta durƙusa. Gwiwoyin suka yi ƙara, wata tsohuwa ta ce "Yesu!" Ta dubi farar ƙasar. Neman gafara bai ba ta wuya ba, don gaskiya ce zalla.

"Ka yafe mini, Meli. Sau da yawa na fi son in ka da kai a kan in ji me kake cewa. Kuma barkonon nan na Beljiyam, mai kyaun ɓoyewa nake yi, in ba ka na bara."

Wani ya tuntsire da dariya a tsakar gida, aka yi masa tsawa. Doña Cuca ta ɗaga waƙa. Malama ta ɗauki 'yar tsintsiyar ta fara daga kai, kamar yadda aka nuna mata, ta kwashe ta zuba a akwati. Ta share hannun gicciyen na dama. Ta share na hagu. Ta ja gwiwa ta sauka wajen ƙafafu, ta tattara garin a hankali, har wanda ya shiga tsagar daɓe ta bi shi da yatsa. Saura tsakiya, inda jan furen yake, wurin da muke kira zuciya. A nan ake miƙa mamaci, kuma a nan waƙa ke tsayawa.

Waƙa ta tsaya. Hannun Malama ma ya tsaya.

Ta zaci abin da zai hana ta shi ne ƙarya. Ashe ba shi ba ne. Ɗan garin nan da bai cika tafin hannu ba, ba ta son ta share shi. Ita da ta ce wa Herminia ba ya nan, ita ce yanzu take jin in ta kwashe wannan, babu sauran wanda za ta yi wa gardama a duniya. Tana son ya zauna, ko a inuwar ne. Ta yi ta kallon furen, ɗaki ya yi tsit, har ana jin kitsen kyandir na ɗiga. Doña Cuca ta yi gyaran murya. Matan suka fara satar kallon juna. Herminia na tsaye ta dunƙule mayafinta a baki.

Malama ta dubi Herminia, ta sake duban garin. Ta tuna shi kwance a nan yana kira ba amsa, bai fasa ba. Sai wani abu mai kama da fushi ya taso mata, irin fushin da kake yi in an bar naka tsaye a bakin ƙofa. Ba ta ɗaga kai sama ba, ba ta haɗa hannu ba. Da muryarta ta aji ta yi magana, wadda ɗalibin layin baya ke ji.

"Kai. Ban san ko Kana nan ba, kuma ba zan ce na sani ba don mutane sun taru. Amma ga Melitón. Shekara arba'in yana kare Ka a gabana, na jefe shi da duk abin da na karanta, bai taɓa sakin Ka ba. Da Ka yi masa shiru ma bai sake Ka ba. Ya taho. Kada Ka kunyata shi."

Ba wanda ya taɓa jin irin wannan miƙawa a garinmu. Herminia ce ta fara cewa "Amin," da ƙarfi, daga cikin mayafi, sai ɗakin ya ɗauka, ya fita har tsakar gida.

Malama ba ta ce amin ba. Ta ɗauki furen ta sa a akwati, ta share sauran garin tas, ta rufe murfin. Daɓe ya koma daɓe. Ta yunƙura za ta tashi, gwiwa ta ƙi, Herminia ta sa hannu a hammatarta ta ɗaga ta, suka tsaya riƙe da juna, tsofaffi biyu, akwatin a tsakaninsu.

Wani daga cikin maza ya matso ya ce ta kawo ya riƙe mata, maƙabarta da nisa, ga hawa. Ta ƙanƙame akwatin a ƙirji.

Ta ce, "Bari. Na ce zan raka shi."